Kwamfuta mai girman tafin hannu: yadda za ka haɗa Raspberry Pi ta jure wuta da zafin Tawa

Ɗan ƙanwata ne ya aiko mini da ita daga Yamai, a hannun wani direba, cikin ambulan kamar wasiƙa. Na buɗe na ga wani ɗan koren allo da bai fi katin banki girma ba, fil-fil a gefe, ramukan USB a goshi. Na buga masa waya na ce, "Kai, cikin wace rediyo ka ciro wannan?" Ya yi dariya ya ce, "Kawu, kwamfuta ce sukutum. Ka haɗa ta da tele ka gani."

Na haɗa, na gani, ta kuma yi aiki. Bayan sati uku ta daina tashi. Na sake kati, shi ma bai yi wata biyu ba. Sai daga baya na gane cewa yawancin bayanin da ake rubutawa kan wannan na'ura, an rubuta shi ne don mutumin da ke zaune a ɗaki mai sanyi, wutarsa ba ta ƙiftawa, intanet ɗinsa ba ya ƙarewa. Mu nan Adar ba haka muke ba. Ita kanta na'urar ba ta da wuyar sha'ani, cikin awa ɗaya za ka tashe ta. Abin da ke cinye ta abu uku ne: wuta marar ƙarfi, zafi, da katin jabu. Don haka a wannan jagora zan bi matakan haɗawa ɗaya bayan ɗaya, amma inda waɗannan ukun suka shigo zan tsaya in daɗe.

Wacce za ka saya

Wata gidauniya ce a Kambirij ta ƙasar Ingila ta ƙirƙiro Raspberry Pi, Eben Upton na cikin jagororinta, da nufin yara su samu kwamfuta mai araha da za su koyi shirya manhaja a kanta ba tare da tsoron lalata ta ba. Ta farko ta shiga kasuwa ranar 29 ga Fabrairu 2012 a kan dalar Amurka 35. Tun daga nan ta haihu ta yi jikoki.

Waɗanda za ka fi cin karo da su yanzu su ne Pi 3 ta 2016, wadda ta fara zuwa da wifi a jikinta, Pi 4 ta 2019, da Pi 5 ta 2023. Akwai kuma ƴar autarsu, Zero 2 W ta 2021, siririya, mai ƙwaƙwalwar aiki mega 512 kacal, da Pi 400 wadda aka cusa cikin kibod, sai dai kawai ka haɗa ta da tele da linzami.

In ka tambaye ni, ka ɗauki Pi 4 mai giga 2 ko giga 4. Pi 5 ta fi ta gudu nesa ba kusa ba, amma ta fi cin wuta, ta fi yin zafi, kuma tana son cajarta ta musamman. Ga mutumin da zai dogara da batir da faifan sola, wannan gudun kuɗi ne ake biya kullum. In kwamfutar tebur kake so, wadda za ka buɗe shafuka da yawa ka kalli bidiyo, to Pi 5. In kuwa aikin da za ta yi shi ne ta zauna a lungu tana rarraba littattafai ga wayoyin ɗalibai, ko Pi 3 ta hannu ta isa.

Ban cika ganinta a shagunanmu na nan ba. Yawanci sai an yi saƙo daga Yamai, ko wani mai zuwa daga waje ya riƙo maka, kuma kuɗinta kan bi yadda dalar Amurka da sufuri suka kama. Ka tambayi mutum biyu ko uku kafin ka biya.

Kayan da ke tafiya da ita

Caja ita ce gaba. Pi 4 tana son volt 5.1 da ampa 3 ta bakin USB-C. Pi 3 tana son ampa 2.5 ta ƙaramin bakin micro-USB. Pi 5 tana son ampa 5, wato cajar wat 27. Za ta tashi da mai ampa 3, amma sai ta rage wutar da take ba abubuwan da ka soka a ramukan USB zuwa miliampa 600. Cajar waya ta kasuwa da aka rubuta wa ampa 3 a jiki, sau da yawa rubutun ne kawai. Kuma ko cajar na da kyau, siririyar igiya mai tsawo tana shanye wutar a hanya. Igiya gajera, mai kauri. In za ka iya samun cajar kamfanin ta asali, ka saya, nan ne wurin da bai kamata ka yi rowa ba. Ka kuma duba ƙafafunta: kayan da suka biyo ta Najeriya suka shigo ta Ƙonni kan zo da ƙafa uku masu kusurwa irin na Ingila, mu kuwa ramukan bangonmu zagayayyu ne. Adafta mai lako-lako tana iya kashe na'urar da zarar wani ya taɓa tebur.

Sai katin memori, microSD. Shi ne komai nata: tsarin aiki da fayiloli duk a ciki suke. Giga 32 ya isa farawa, kuma ka nemi mai alamar A1 ko A2, waɗanda aka yi don yawan karatu da rubutu ƙanana-ƙanana. Nan ne na sha wuya. Katina na farko na saye shi a wani tebur a kasuwa, an rubuta giga 64, mai shagon ya rantse ya ce, "Malam, wannan orijinal ne, ka kai gida ka gwada." Araha ba ta ado. Da na gwada daga baya, ashe cikinsa bai kai rubu'in abin da aka rubuta ba. Irin wannan kati yana nuna wa kwamfuta girman ƙarya. Yana karɓar fayiloli lafiya lau har ainihin cikinsa ya cika, daga nan sai ya fara taka na baya. Ba za ka sani ba sai ranar da na'urar ta ƙi tashi.

Maganinsa gwaji kafin komai. A Windows akwai ƴar manhaja kyauta mai suna H2testw, a Linux akwai f3. Dukansu cika katin suke yi da bayanai har bakinsa, sannan su karanta su gani ko abin da suka zuba yana nan. Yana ɗaukar lokaci, ka ɗora shayi ka jira. In ya nuna kuskure ko ɗaya ne, mayar wa mai shi.

Sauran ba su da dogon zance. Pi 4 da Pi 5 suna da ƙananan ramukan micro-HDMI guda biyu, don haka kana buƙatar igiya mai ƙaramin kai a gefe ɗaya, babba a ɗayan. In tsohon gilashin kwamfuta mai shuɗin baki na VGA gare ka, akwai adaftar HDMI zuwa VGA. Kibod da linzami na USB kowane iri sun yi. Sai akwati, da ƙarfen shan zafi da fanka, waɗanda zan dawo kansu. Kana kuma buƙatar aron wata kwamfuta ta awa ɗaya, mai ramin kati ko da abin karanta kati na USB.

Zuba tsarin aiki a kati

A kwamfutar aron, shiga raspberrypi.com ka sauke Raspberry Pi Imager. Akwai ta Windows, ta Mac da ta Linux, kuma tana jin Faransanci. Soka katin, buɗe manhajar. Za ta tambaye ka irin na'urarka, tsarin da kake so, da katin da za a rubuta wa.

Tsarin shi ne Raspberry Pi OS, wanda da ake kira Raspbian kafin 2020, kuma daga Debian, wani nau'in Linux, aka gina shi. Iri biyu za su dame ka. Mai tebur, wato mai tagogi da linzami kamar yadda ka saba, nauyinsa ya haura giga 1 wajen saukewa. Lite kuwa baƙin allo ne da rubutu kawai, bai kai rabin wancan ba sosai, kuma ya fi sauƙi ga na'urar. Sabon shiga ya fara da mai tebur. Ka yi wannan saukewa inda akwai wifi, ko da dare lokacin da layi ya yi sauƙi, kada ka ƙone megarka ta wata guda a zama ɗaya. In ku da yawa ne, mutum ɗaya ya sauke fayil ɗin daga shafin, sauran su kwafa a kile, su nuna wa Imager shi ta zaɓin amfani da fayil na kanka.

Wajen zaɓen kati ka buɗe ido. Duk abin da ka nuna mata sharewa za ta yi. Cire duk wani kile ko faifan ajiya da ke jikin kwamfutar kafin ka danna.

Kafin ta fara rubutu za ta ba ka damar cika wasu saituna. Jerinsu kan sauya daga wannan fitowa zuwa waccan, amma abubuwan su ne dai: sunan na'ura, sunan mai amfani da kalmar sirri, sunan wifi da kalmarsa, yankin lokaci, tsarin kibod, da kunna SSH, wato hanyar sarrafa na'urar daga wata kwamfuta. In ba ta ba ka wannan damar ba, kada ka damu, na'urar za ta yi maka yawancin tambayoyin da kanta a tashin farko. Tsofaffin bayanai za su ce maka sunan shiga pi ne, kalmar sirri raspberry. An cire wannan tun Afrilu 2022, yanzu kai za ka zaɓi naka.

Wurare biyu ne ƴan Nijar ke tuntuɓe a nan. Na farko lambar ƙasa ta wifi: tamu NE ce, NG ta Najeriya ce. Yankin lokaci kuma Africa/Niamey. Na biyu kibod. Yawancin namu na Faransa ne, masu farawa da AZERTY, na'urar kuwa in ba a gaya mata ba tana ɗauka na Ingila ne mai QWERTY. Sai ka rubuta kalmar sirri mai harafin a, ita kuwa ta ga q. Lambobi ma su rikice. Na taɓa ɓata yamma guda ina zargin kaina da mantuwa, ashe kibod ne. Zaɓi fr in naka AZERTY ne.

Danna rubutawa, ka bar ta ta gama har da tantancewar ƙarshe. Kada ka tsallake tantancewar.

Tashin farko

Katin yana shiga ta ƙarƙashin allon, rubutunsa na kallon ƙasa. Soka kibod da linzami. Soka igiyar tele a ramin HDMI da ya fi kusa da ramin wuta, shi ne HDMI0. Kunna telen ka kai ta tashar HDMI. Wuta ita ce ta ƙarshe, don Pi 4 ba ta da maɓallin kunnawa, da ta ji wuta ta tashi. Pi 5 ce aka yi wa maɓalli.

A Pi 4 jar fitila tana nuna wuta ta shigo, koriya kuma tana ƙiftawa lokacin da ake karanta kati. Tashin farko yana ɗan jinkiri, tana iya sake kunna kanta sau ɗaya ko biyu tana faɗaɗa wurin ajiya. Ka ƙyale ta. In minti biyar sun wuce allo baƙi ƙirin, duba tashar tele, duba ramin HDMI, sannan ka sake rubuta katin.

Da tebur ya bayyana kuma ta kama intanet, buɗe baƙar tagar umarni, Terminal, ka rubuta waɗannan, kana danna Enter bayan kowane layi:

sudo apt update
sudo apt full-upgrade

Na farko yana ɗauko jerin sababbin gyare-gyare, na biyu yana saka su, kuma zai faɗa maka mega nawa zai ci kafin ka amince. Kalmar sudo tana nufin ka yi umarnin da ikon mai gida. Kada wuta ta yanke a tsakiyar wannan aiki, don haka ka yi shi a kan batir in kana da shi.

Ka koyi kashewa tun yau: sudo poweroff, ko ta menu. Jira koriyar fitila ta daina ƙiftawa kafin ka zare igiya. Katina na biyu ba jabu ba ne. Zare igiya da ɗaukewar wuta ne suka kashe shi, don in wuta ta tafi ana tsakiyar rubutu, fayilolin tsarin kan lalace.

Zafi

A watan Afrilu da Mayu, inuwa ma a Tawa tana haura digiri 40, balle ɗaki mai rufin kwano da azahar. Na'urar kuwa tana ƙara nata zafin a kan na ɗakin. Auna ta da wannan:

vcgencmd measure_temp

Idan ƙwaƙwalwarta ta kai digiri 80 sai ta fara rage gudu don ta kare kanta, a 85 ta rage sosai. Ba za ta ƙone ba, amma za ta koma tafiyar hawainiya, kai kuma ka ce ba ta da kirki. A ƙasashen sanyi mutane na barinta tsirara ko cikin rufaffen akwatin roba su zauna lafiya. A nan rufaffen akwatin roba tanda ce.

Hanya biyu ce. Ko ka sa mata ƙarfen shan zafi da ƴar fanka, ko ka sa ta cikin akwatin alminiyom wanda jikinsa duka ke taɓa ƙwaƙwalwar yana janye zafin. Ni na fi son na biyu ga Pi 4, saboda ƙura. Fanka iska take ja, iskar hunturu kuwa kowa ya san abin da take ɗauke da shi. Kafin hazo ya wuce za ka ga fikafikanta sun yi kauri, ta fara kuka, wata rana ta tsaya. Akwatin ƙarfe ba shi da abin da ke juyawa, sai dai ka goge bayansa. Zai yi zafi a hannu, wannan alama ce yana aikinsa. Pi 5 kam sai da fanka. Tata ta kamfani an saita ta ta fara juyawa a digiri 50, wanda a bazararmu yana nufin ba ta hutawa. Ka riƙa hure ta da busasshiyar iska ko ka share da burushi mai laushi, na'urar a kashe.

Wurin ajiya ma magani ne: kada a kan tele, kada kusa da taga mai rana, kada a rataye ta dab da kwano, kada a lulluɓe ta da ƙyalle don gudun ƙura.

Wuta

Ga umarnin da ya fi kowane amfani a wurina:

vcgencmd get_throttled

In ya amsa 0x0, lafiya lau. In ya ce 0x50000, to tun da ta tashi an samu lokacin da wuta ta gaza har ta rage gudu. In 0x50005 ne, yanzu haka tana cikin yunwar wuta. Iyakar ita ce volt 4.63, ƙasa da haka sai gargaɗi ya fito a kusurwar allo. Mutane kan yi biris da shi don na'urar na ci gaba da aiki. Kada ka yi. Ƙarancin wuta na sa kibod ya riƙa yankewa, wifi ya riƙa ɓacewa, kati ya lalace a hankali. Sake igiya tukuna, in bai daina ba sake caja.

Ɗaukewar wuta kuwa sai batir. Mutane da yawa na sa bankin cajin waya tsakanin bango da na'urar. Wasu bankunan ba sa bayar da wuta suna karɓa a lokaci guda, wasu kuma suna yi amma sukan ƙifta na ɗan daƙiƙa lokacin da wutar bango ta tafi, wannan ƙiftawar kuwa ta isa ta sake kunna Pi. Gwada naka: na'urar na kunne, zare bankin daga bango, ka ga ko ta mutu.

Abin da ya zaunar mini da hankali shi ne batir mai volt 12 da faifan sola da ƴar na'urar daidaita caji, irin haɗin da ake yi wa fitilu da fanka a gidaje da yawa, sannan ƙaramin abin sauke wuta daga volt 12 zuwa volt 5 mai ɗaukar ampa 3 ko fiye. Masu gyaran rediyo da masu haɗa sola sun san shi. Kafin ka soka wa Pi, a auna bakinsa da mita a ga volt 5.1 ko kusa. In mai dunƙulen juyawa ne kuma aka bar shi sama, nan take zai ƙone ta. Kada ka bi ta injin mayar da wutar batir volt 220 sannan ka soka caja, asara ce hawa biyu.

Lissafin mai sauƙi ne. Pi 4 tana cin wajen wat 3 in tana zaune, ta ninka in aiki ya yi yawa. Ka ɗauka wat 5 ne a tsakaice: sau awa 24, wat-awa 120 ke nan a yini, wato ampa-awa 10 daga batir mai volt 12. Tunda batirin dalma ba a son a sha fiye da rabinsa, mai ampa-awa 20 zuwa sama zai riƙe ta yini guda ko rana ba ta fito ba. Rana dai ba mu rasa ta ba. Abdou Moumouni, ɗan Tasawa da jami'ar Yamai ke ɗauke da sunansa, a kan wutar rana ya ƙare rayuwarsa ta bincike tun kafin a haifi yawancinmu.

Wani abu da ke biyo bayan yankewar wuta: Pi 4 ba ta da agogon da ke tafiya in an kashe ta, daga intanet take tambayar lokaci. In babu intanet sai kwanan wata ya zauna a baya, har apt ya ƙi aiki yana ƙorafin lokaci. Ƴar na'urar agogo DS3231 da ake sokawa a fil tana magance wannan. Pi 5 tana da agogon a jiki, batir kawai za ka haɗa mata.

Sarrafa ta daga nesa

In ka kunna SSH, ba sai ka riƙa jan tele ba. Daga kwamfutar da ke kan wifi ɗaya da ita, rubuta ssh, sannan sunanka, alamar @, da sunan na'urar haɗe da .local, misali:

ssh malam@laburare.local

In sunan bai amsa ba, rubuta hostname -I a kan Pi ɗin, za ta ba ka lambarta, ka yi amfani da ita a madadin sunan. Akwai manhajojin SSH na wayar Android ma. In ka manta kunna shi tun farko, sudo raspi-config, ka shiga Interface Options.

Laburare ba tare da intanet ba

Wannan shi ne aikin da ya sa na ce kuɗin ɗan ƙanwata bai tafi a banza ba. Akwai manhaja kyauta mai suna Kiwix, tun 2007 ake aikinta, wadda ke dunƙule shafi guda cikin fayil ɗaya mai ƙarewa da .zim, a karanta shi ba layi. Akwai Wikipedia ta Hausa, akwai ta Faransanci, akwai Vikidia da aka rubuta don yara, akwai ƙamus na Wiktionnaire, akwai gwaje-gwajen kimiyya na PhET. Pi ɗin za ta zama tashar wifi, duk mai waya a kusa ya shiga ya karanta, ba mega ko ɗaya.

Fara da saka manhajar, tana kan intanet:

sudo apt install kiwix-tools

Fayilolin suna library.kiwix.org. Ka lura da sunayensu: maxi na da hotuna, nopic babu hotuna, mini gabatarwar kowane maƙala ce kawai. Ta Hausa ba ta da nauyi. Ta Faransanci mai hotuna giga ce masu yawa, sai babban kati da haƙuri, ko ka roƙi wani a Yamai mai layi mai ƙarfi ya sauke ya aiko a kile. Kilen ya zama an tsara shi da exFAT, don FAT32 ba ya ɗaukar fayil da ya wuce giga 4. Buɗe jaka mai suna zim a gidanka na cikin na'urar ka zuba su, sannan ka gwada:

kiwix-serve --port=8080 /home/malam/zim/*.zim

Ka sa sunanka a wurin malam. Buɗe burauza a Pi ɗin ka rubuta localhost:8080. In ka ga jerin littattafan, ka danna Ctrl da C ka tsayar, mu wuce.

Yanzu tashar wifi. Yi wannan a gaban tele da kibod, ko ta igiyar intanet, don umarnin zai yanke wifin da take kai:

sudo nmcli device wifi hotspot con-name Laburare ssid Laburare password karatu2025
sudo nmcli connection modify Laburare connection.autoconnect yes connection.autoconnect-priority 10

Kalmar sirrin kada ta gaza haruffa 8, kuma ka zaɓi taka. Layi na biyu yana sa tashar ta tashi da kanta duk lokacin da aka kunna, ta kuma riga wifin gida. Wannan yana aiki a fitowar Raspberry Pi OS mai suna Bookworm ta 2023 da waɗanda suka biyo bayanta. Don Kiwix ma ya riƙa tashi da kansa, rubuta crontab -e, ka je ƙarshen fayil ɗin ka ƙara:

@reboot /usr/bin/kiwix-serve --port=8080 /home/malam/zim/*.zim

Ajiye, sake kunna na'urar. A wayarka nemi wifi mai suna Laburare, shiga, buɗe burauza ka rubuta 10.42.0.1:8080. Wayar za ta yi ƙorafin wannan wifi ba shi da intanet, wata ma ta gudu ta koma kan data. Ka ce mata ta zauna, ko ka kashe data. Na rubuta adireshin da alli a bango, don tambayar da aka fi yi mini ke nan. Ranar farko wata ɗaliba ta ce, "Malam, to nawa za a cire mini?" Na ce ko dala. Ba ta yarda ba sai da ta duba kuɗin wayarta sau biyu.

Wifin jikin Pi ba ya ɗaukar taro, kuma ba ya ratsa katangar ƙasa mai kauri. Ƴan wayoyi a fada ko a ɗaki ɗaya, ya isa. In aji guda ne, nemi rauta, wato na'urar rarraba wifi, ko tsohuwa ce, haɗa ta da Pi da igiya, ita ta ɗauki nauyin wayoyin; sai dai adireshin zai zama wanda hostname -I ya nuna.

Fil arba'in

Layukan fil biyu da ke gefen allon su ne suka raba ta da sauran kwamfutoci: ta nan take taɓa duniya, ta kunna fitila, ta ji maɓalli, ta karanta zafi ko danshin ƙasa. Rubuta pinout a Terminal za ta zana maka taswirarsu. Doka ɗaya ce ba a karya ta: filolin umarni volt 3.3 suke ɗauka. Fil na 2 da na 4 volt 5 ne, in ɗayansu ya taɓa filin umarni, an yi ta'aziyya. Kullum ka kashe na'urar kafin ka soka ko ka zare waya.

Gwajin farko: ƙaramin ƙwan LED, rezistans, wato abin rage ƙarfin wuta, mai om 330, da wayoyi biyu. Fil na 11, wanda manhaja ke kira GPIO17, ya tafi rezistans, rezistans ya tafi doguwar ƙafar ƙwan, gajeriyar ƙafar ta koma fil na 6, wato ƙasa. Buɗe Thonny, yana cikin tsarin mai tebur, ka rubuta wannan da harshen Python:

from gpiozero import LED
from time import sleep

kwai = LED(17)
while True:
    kwai.on()
    sleep(1)
    kwai.off()
    sleep(1)

Tazarar da ke gaban layuka huɗun ƙarshe dole ce. In ƙwan bai kama ba, juya ƙafafunsa. Yaron da ya ga fitila na bin umarninsa ba ya sake kallon waya yadda yake kallonta da. Daga nan hanya a buɗe take har zuwa kunna famfon ban ruwa a lambun albasa irin na Galmi, amma duk abin da ya kai ga volt 220 ko babban inji, ta rile ake bi, wato makunnin da ƙaramar wuta ke kunna babba da shi, kuma da mai aikin lantarki a gefenka.

Kulle kati, ka yi kwafi

Idan komai ya zauna yadda kake so, yi abu biyu. Na farko kwafi: soka wani katin da ka gwada ta abin karanta kati na USB, buɗe SD Card Copier a cikin Accessories, ka kwafe katin duka. Gwada kwafin ka ga ya tashi, sannan ka nannaɗe shi a takarda ka rubuta kwanan wata.

Na biyu, sudo raspi-config, shiga Performance Options, ka kunna Overlay File System, ka amince a kulle ɓangaren tashi shi ma. Daga nan na'urar karanta katin kawai take yi, duk wani rubutu a ƙwaƙwalwar aiki yake tsayawa ya ɓace in an kashe. Wuta ta tafi sau goma a yini, katin bai san an yi ba. Ga laburare wannan daidai ne, tunda karatu kawai ake yi. Amma kada ka kunna shi a na'urar da kake rubuta takardu a kanta, don duk abin da ka ajiye zai tafi da wutar. Ranar da za ka ƙara sabon fayil na zim ko ka yi apt, koma raspi-config ka kashe shi, sake kunna na'urar, yi aikinka, sannan ka mayar da kullen.